Hanyar Jakuna Ma Tarihi Ce: Kira ga Marubutan Karkara

 

Maganarmu ta yau a kan tsofaffin hanyoyin ƙauye ce, waɗanda jakuna da takarkarai suka bi da kaya shekaru aru-aru, da wuraren da suka riƙa ƙetare ruwa. Za mu ɗauki Nariya ta ƙaramar hukumar Kibiya, a ƙasar Rano, ta zama madubinmu, amma kowa ya cire sunanta ya sa na ƙauyensu, maganar ba za ta canja ba. Ra'ayinmu shi ne, tarihin waɗannan hanyoyi yana gab da shuɗewa, kuma babu wanda nauyin ceto shi ya rataya a wuyansa kamar marubucin da ya fito daga wurin.

Bari mu fara leƙawa waje, don a gane abin da muke nufi. A arewacin Ingila, cikin yankin Lankasha, akwai wani ɗan ƙauye mai suna Wycoller. Gidajensa 'yan kaɗan ne, amma baƙi ba sa yankewa, kuma babban abin da ke kai su shi ne gadoji. Wani ɗan rafi ne ya ratsa garin, an ɗora masa gadoji bakwai. Akwai wadda falalen dutse guda ne aka shimfiɗa daga gaɓa zuwa gaɓa. Akwai wadda aka jera falalen duwatsu a kan ginshiƙai. Wadda ta fi suna ita ce mai baka biyu, da aka gina don dawakan da ke ɗaukar kaya. Irin wannan gada siririya ce, doki ɗaya take ɗauka a jere, kuma ba a ɗaga bangon gefenta, don kada ya tokare kayan da ke rataye a haƙarƙarin dabbar. Duk wanda ya taɓa kora jaki da mangala ta wani matsattsen lungu ya san hikimar wannan ba sai an yi masa bayani ba.

Ƙauyen nan ya kusa mutuwa. Masaƙa ne mutanensa, da masana'antu suka zo sai suka watse suka bi aiki cikin birane. A ƙarshen ƙarni na 19 har an shirya nutsar da shi a yi madatsar ruwa, sai shirin bai yiwu ba. A 1948 wasu masu kishin wurin suka kafa ƙungiya, a 1973 hukumar yankin ta sayi filin ta mai da shi wurin shaƙatawa. Alƙalami ma ya taimaka. Akwai kangon wani babban gida a garin da mutane suka yarda shi marubuciya Charlotte Bronte ta kwaikwaya a littafinta Jane Eyre na 1847, masu karatu kuwa suna son su ga wurin da ido. Sannan a 1994 wani mutum mai suna Ernest Hinchliffe ya fitar da littafi a kan irin waɗannan gadoji na Ingila, ya kafa ma'auni: faɗin gada kada ya kai ƙafa shida, a gina ta kafin 1800, kuma a sami shaidar cewa dawakan kaya sun bi ta. Ku lura da wannan ma'auni, za mu dawo kansa.

To, mu ina namu? Kakanninmu ba su gina irin wannan gadar dutse ba, kuma akwai dalili. Rafukanmu na damina ne. Korama ta cika ta yi ambaliya a watan Agusta, zuwa Janairu ta koma rairayi, yara suna tona ta suna ɗebo ruwa. Fatauci kuma sana'ar rani ce: sai an gama girbi, hanya ta bushe, sannan ayari ke tashi. Wanda zai ƙetare yashi da ƙafa ba ya bukatar ya fasa dutse. Abin da suka yi amfani da shi uku ne. Na farko mashigi, wato wurin da ruwa bai da zurfi, ƙasansa kuma da tauri, ba ya cafke ƙafar dabba. Na biyu fito: inda kogi ya fi ƙarfin ƙafa, akwai masu ƙetarar da mutane da kwalekwale ko da manyan gora, a biya su kuɗin fito. Na uku kadarko, wato itatuwa ko azara da ake gindayawa a kan kwazazzabo, a shimfiɗa ƙirare a zuba ƙasa. Gara ta ci, ruwa ya tafi da shi, baɗi a sake wani.

Ita kanta kalmar gada baƙuwa ce. Daga Turanci aka aro ta, daga girder, sunan doguwar ƙarfen da injiniyoyin Turawa suka riƙa ɗorawa a kan ginshiƙai. Kadarko ce tamu ta gado, har akwai garuruwan da ake kira da ita. Ku gwada tambayar ɗan sakandare ma'anarta ku ji abin da zai ce.

Bambancinmu da mutanen Wycoller ke nan. Su dutse ya riƙe musu tarihi, ko sun yi sakaci shekara ɗari za su dawo su tarar da shi. Namu a bakin mutane yake. Yana cikin sunan wuri: zangon wane, mashigin kaza, rijiyar fatake, tsamiyar da ake sauke kaya a gindinta. Yana cikin kan dattijon da ya kora jaki yana yaro. Ranar da aka kai wannan dattijo makwancinsa, an rufe har da hanyar.

Kada wani ya ɗauka abin da ya bi ta waɗannan hanyoyi ƙarami ne. Tarihin sarakunan Kano ya nuna tun zamanin Sarki Abdullahi Burja, a ƙarni na 15, aka buɗe hanyoyin ciniki daga Barno zuwa Gwanja. Bajamushen nan Heinrich Barth, da ya zo Kano a 1851, ya ƙiyasta goron da ke shigowa birnin a shekara ya haura kayan jaki 500, kowane kaya kuma, in ya iso lafiya, ana sayar da shi wajen wuri 200,000. Ayari kuwa gari ne mai tafiya, da madugu da jagaba da uban dawaki, kowa da aikinsa.

Kudancin Kano ba ɗan kallo ba ne a wannan harka. Rano, garin Autan Bawo, ɗaya ce daga Hausa Bakwai, kuma a labarin rabon ayyuka tsakanin 'ya'yan Bawo ita da Kano aka ba sarautar baba, wato rini. Turkuɗin Kura ya kai har cikin Sahara. Daga Riruwai ake fito da dalma. Bebeji, maƙwabciyar Rano, matattarar fatake ce: Hugh Clapperton ya bi ta cikinta a 1826 a hanyarsa daga Zariya zuwa Kano, kuma a nan aka haifi Alhassan Ɗantata a 1877, cikin zuriyar Agalawa masu fataucin goro. Manyan ayarin nan ba daga sama suke samun kaya ba. Auduga da baba da dawa da zare daga ƙauyuka suke fitowa, a bayan jaki, ta ƙananan hanyoyin da suka haɗa gari da kasuwa. Nariya da Tarai da Durba da Fammar da Kahu, da Rurum da Saji da Lausu, kowanne yana da hanyar da kakanninsa suka bi zuwa cin kasuwa, da inda suka ƙetare ruwa. An rubuta labarin madugai da attajirai. Labarin ɗan ƙauyen da ya kai musu kayan shi ne har yanzu yake jiran marubuci.

Yadda hanyoyin suka mutu ma labari ne mai zaman kansa. Sojojin Ingila sun fasa Bebeji a farkon 1903, suka ci Kano ranar 3 ga Fabrairu. Gwamnatin Lugga ta ɗora wa ayari haraji, aka soke shi a 1907. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, goro ya koma zuwa ta teku da dogo, doguwar tafiyar Gwanja ta fara ja da baya. Jaki kam bai rasa aiki ba, don cinikin gyaɗa da ya ɓarke a 1912 a bayansa ya tsaya, shi ke kai buhu wurin awo. Daga baya lori ta karɓe doguwar hanya, babur da kurkura suka karɓe gajeriya. Sabon titi ya bi inda injiniya ya ga dama, tsohuwar hanya ta zama burtali, burtalin ma manoma suka riƙa ci daga gefe har ya zama kunya. Madatsar Tiga, da aka gama a 1974 zamanin Gwamna Audu Bako, ta kawo noman rani mai albarka, amma ta sauya tafiyar Kogin Kano, an ta da garuruwa, hanyoyinsu da mashigansu suna ƙarƙashin ruwa.

Yanzu kuma dabbar kanta ake farauta. Ana kwasar jakuna daga kasuwanni irin su Maigatari ana yankawa don fatarsu, wadda ake kaiwa ƙasar Sin a yi wani magani da ita. Abin ya kai a Fabrairun 2024 shugabannin Tarayyar Afirka, a taronsu na Addis Ababa, suka amince a haramta yanka jaki don fata a nahiyar baki ɗaya. In jaki ya tafi, kalmominsa na biye da shi: akumari, mangala, taiki, waga, da sunayen launinsa irin su auraki da duna da idabari. Marubucin da bai san waɗannan ba, in ya zo rubuta ƙauye sai ya ce “an ɗora wa jaki kaya” ya wuce, mai karatu bai ga komai ba.

Akwai abin lura game da ɗan abin da ya tsira a rubuce. Alhaji Umaru, wanda aka haifa a Kano a 1858 ya rasu a Kete-Krachi ta ƙasar Gana a 1934, ya rubuta bayanai masu yawa da ajami a kan sana'o'i da fataucin Hausawa, amma wani jami'in Jamus, Adam Mischlich, shi ya nemi ya rubuta. Madugu Muhammadu Mai Gashin Baki ya ba da labarin rayuwarsa ne ga Eduard Flegel, wanda ya kai shi har Jamus a 1884. Baba ta Karo, tsohuwar da ta tashi a kan iyakar Kano da Zazzau, Mary Smith ce ta zauna da ita tsakanin 1949 da 1950, littafin ya fito da Turanci a 1954, na Hausarsa sai bayan shekaru masu yawa. Duka ukun baƙo ne ya yi tambayar. Allah Ya saka musu, amma baƙo sai da tafinta ko doguwar koyo, mu kuwa kakanninmu ne, a zaure ɗaya muke cin tuwo. Kuma littafin Baba ya isa hujja cewa tsohuwar ƙauye da ba ta taɓa riƙe alƙalami ba tana iya ɗauke da abin da jami'o'in duniya za su karanta.

Mun san akwai masu ja, kuma hujjojinsu ba na wasa ba ne.

Wani zai ce, mutanen ƙauye kwalbati suke nema da gadar siminti. Mace na naƙuda, rafi ya cika, mota ta kasa shigowa, kai kana zancen hanyar jakuna? Gaskiya ne, kuma duk rubutun da zai sa a manta da wannan ba mu tare da shi. Sai dai abin biyu ba sa karo. Dattijon da ya san tsohon mashigi ya san inda ruwa ke bi in ya yi yawa, ya san shekarar da ya kai gindin wace bishiya, ya san inda ƙasa ke zaftarewa. Sau nawa muka ga an kafa kwalbati damina ɗaya ta tafi da shi? Rubutun da ya ce ga inda mutanen garin nan suke ƙetarewa tun kaka da kakanni, ga kasuwar da suke nufa, ga asarar da suke yi duk damina, ya fi ƙarfi a gaban kansila ko ɗan majalisa a kan koken “a taimaka mana” kawai. Haka nan rikicin manoma da makiyaya, sau da yawa a kan inda burtali ya bi ne, kuma shaidar tana bakin tsofaffin da ba a rubuta maganarsu ba.

Wani kuma zai ce, wa zai karanta? Masu karatu soyayya suke so, da gidan bene da tafiya Dubai. Ba mu raina soyayya ba, ita ta riƙe adabin kasuwar Kano ta koya wa dubban mata da matasa son karatu. Amma wa ya ce soyayya ba ta faruwa a bakin rafi? Saurayi yana wannan gaɓa, budurwa tana waccan, ruwa ya raba su kwana uku, ga wani mai babur ya zagayo ta titi ya riga shi. Amarya za a kai, kayan ɗaki na kan jakuna, hadari ya haɗo. Falke ya tafi da alkawarin wata shida, shekara biyu shiru, iyaye sun fara maganar raba aure. Wannan duk rikici ne da ya fito daga ƙasar kanta. Gidan benen da marubuci bai taɓa shiga ba kuwa, kowa irinsa yake rubutawa, shi ya sa labarai da yawa suke kama da juna. Abin da ka sani wanda wani bai sani ba, shi ne jarinka.

Ja na uku ya fi nauyi: kada a mai da jiya aljanna. Mun yarda ɗari bisa ɗari. Hanyoyin nan da suka ɗauki goro da turkuɗi sun ɗauki bayi a ɗaure. A ƙarni na 19 kudancin Kano ya sha hare-haren Ningawa, Sarki Abdullahi Maje Karofi ya yi shekaru yana fama da su, mutum na iya fita gona ko kasuwa a wayi gari an sayar da shi. Akwai 'yan fashi, akwai kura, akwai wanda ruwa ya ci a mashigi. Marubucin kirki zai rubuta wannan duka, har da abin da zuriyarsa ba ta so a tuna, cikin hikima da kare mutuncin mutane.

Yanzu ga aikin a aikace. Ba a fafe gora ranar tafiya, don haka kafin ka je ka shirya tambayoyinka. Fara da mai unguwa ko dagaci, ka gaishe shi yadda ya kamata, ka faɗi abin da ya kawo ka, shi zai nuna maka wanda ya sani. In ka zauna da dattijo kada ka ce, “Baba, ba ni tarihin garin nan.” Zai ba ka jerin sarakuna ne, ko ya ce ai babu komai. Ka ce, “Baba, da kuna yara, in za ku kasuwar Rano ta ina kuke bi? A ina kuke ƙetare ruwa? In ya cika fa? Wa ke da jakuna a garin nan? Me kuke ɗorawa? Ƙarfe nawa kuke tashi, ko da asalatu?” Tambayar da ta taɓa ƙafa da ciki ita ke buɗe baki. 'Yan uwa mata, ku kuna da damar da maza ba su da ita. Ku shiga cikin gida ku ce, “Inna, ranar da aka kawo ki garin nan, ta wace hanya aka biyo da ke? Me aka ɗauko?” Talla da kai amarya da zuwa suna da biki duk a kan hanyoyin nan aka yi su, kuma mata suka fi riƙe su.

Ka nemi izini kafin ka ɗauki murya a waya. Ka rubuta ranar da wurin. In hali ya yi, ka roƙi a raka ka ka taka hanyar da ƙafarka, gani ya kori ji. Ka ƙirga tafiyar, ka ɗauki hoton bishiya da rijiya da gaɓar rafi, ka rubuta sunan kowane wuri yadda mutanen garin ke furta shi. Kalmar da ba ka gane ba kada ka musanya ta da wadda ka sani, ka tambayi ma'anarta ka ajiye ta yadda take.

Sai ma'aunin da muka ce za mu dawo kansa. Mutumin Ingilan nan bai kira kowace tsohuwar gada ta dawakan kaya ba, sai da ta cika sharuɗɗa. Mu ma mu kafa namu. In mutum ɗaya ne ya faɗa, ka rubuta cewa wane ne ya faɗa. In uku suka faɗa ba a zama ɗaya ba, maganar ta yi ƙarfi. In sun saɓa, ka kawo duka. Kada ka ƙirƙiro shekara don rubutu ya yi kyau. Dattijo zai ce maka “shekarar da aka yi fari” ko “kafin a yi Tiga” ko “zamanin sulai”, wannan ma ma'auni ne, ka bar shi haka. Kuma kada son gari ya sa ka ce Shehu ko Bayajida ya yada zango a ƙauyenku alhali ba wanda ya gaya maka. Ƙarya guda in ta shiga intanet, gobe ɗalibi zai kwafe ta cikin kundin digiri, jibi ta zama tarihi. In ƙagaggen labari kake so, ƙofa a buɗe take, ka ƙaga mutanenka yadda ka ga dama, amma ka kira shi labari.

Tun 2019 ake ta muhawara a kan masarautar Rano, an ɗaga darajarta, an soke a 2024, an dawo da ita a mataki na biyu da Rano da Bunkure da Kibiya a ƙarƙashinta. Dubban rubuce-rubuce aka yi a kan wannan a Facebook. Da kashi ɗaya cikin ɗari na wannan ƙarfi ya tafi ga talakawan da suka yi wa masarautar dako, da yanzu muna da littafi.

Saboda haka ga abin da muke roƙo. Duk wanda zai je gida a watan nan, ya zauna da tsoho ɗaya ko tsohuwa ɗaya, ya tambayi hanya ɗaya da mashigi ɗaya, ya rubuto mana shafi biyu. 'Yan Nariya da Kibiya da Rano, da ku muka yi misali, ku ya kamata ku fara. In mutum ashirin suka yi, mun sami hanyoyi ashirin da ba su cikin kowane littafi, sai mu ga yadda za a tace su a haɗa wuri guda. Waɗanda suka kora jakunan gyaɗa suna samari yau sun haura tamanin, kuma kowace shekara raguwa suke yi.

Allah Ya ƙara wa iyayenmu lafiya da nisan kwana, Ya jiƙan waɗanda suka riga mu, Ya yi wa alƙalumanmu albarka. Sai mun ji daga gare ku.